Kuɗin Sallama Bayan Shekara Huɗu: Wa Ya Ci Ribar Jiran Da Iyayenmu Suka Yi?

Ina da wani kawu, yayan mahaifiyata, da ya yi shekara 35 cur yana koyarwa a makarantun firamare a ƙasar Daura. Ya fara ne a wani ƙauye can kusa da iyakar Nijar, zamanin da keke ne abin hawan malamin makaranta, ya gama yana hedimasta. Ranar da ya ajiye alli an yi 'yar walima a ƙofar gida, aka sha zoɓo, aka ɗauki hotuna. Ni da rawar kaina har na ɗora hotonsa a Facebook na rubuta cewa Kawu ya huta. Ashe ranar ce ya kama sabon aiki, wanda ba albashi kuma ba lokacin tashi, wato bin fayil.

Albashi dai a watan da ya biyo baya aka tsayar da shi, ba a yi kuskuren kwana ɗaya ba. Fanshon wata-wata sai da aka shafe watanni kafin ya fara shigowa. Giratuti kuwa, wato kuɗin sallama, shekara huɗu da 'yan watanni ya ɗauka. A tsawon wannan lokaci Kawu yana da wata baƙar leda a ƙarƙashin katifa, inda yake ajiye takardar ɗaukar aiki, da ta tabbatarwa, da ta ƙarin girma na ƙarshe, da wasu ƙananan hotuna da suka fara dusashewa. Duk bayan 'yan makonni sai ya ɗauki ledar ya shiga mota ya tafi wani ofishi, ya dawo da yamma da amsa ɗaya: a dawo wata mai zuwa. Idonsa ya yi rauni, don haka duk sanda wayarsa ta yi ƙara ina kusa sai ya miƙo mani ya ce, "Kai ɗan nan, duba mani, ko su ne?" In duba in ga tallan kamfanin waya. In ce, "Ba su ba ne, Kawu." Sai ya ce to, Allah ya jishe mu alheri.

Abin da ya sa na ɗauko zancen yau shi ne yadda mu matasa muke yin sa a soshiyal midiya. Duk ranar da wata gwamnati ta sanar da biyan giratuti sai mu rabu gida biyu. Wasu su cika Facebook da TikTok da hoton gwamna da kirari, kai ka ce daga aljihunsa ya ciro. Wasu kuma su ce ƙarya ce, ko sisi ba a biya ba. A yi ta zage-zage har data ta ƙare. Ba mai tsayawa ya yi tambayar da ni a wurina ta fi duk wannan hayaniya: kuɗin da aka miƙa wa mutum bayan shekara huɗu ko biyar, shi ne kuwa kuɗin da yake bi?

Bari mu fara daga tushe, don na lura da yawanmu muna cakuɗa kalmomin. A tsohon tsari, wanda akasarin iyayenmu da suka yi aikin jiha ko na ƙaramar hukuma suka yi ritaya a cikinsa, abu biyu ne. Giratuti shi ne dunƙulallen kuɗin da ake ba ma'aikaci sau ɗaya idan ya gama aiki. Fansho shi ne abin da ake ba shi kowane wata har ƙarshen ransa. Ana lissafa duka biyun ne da shekarun da ya yi yana aiki da kuma albashinsa na ƙarshe. Ƙa'idar ritaya kuma kowa ya san ta: shekara 60 da haihuwa ko shekara 35 a aiki, duk wanda ya riga zuwa. Malaman makaranta ne aka yi wa dokar tarayya a 2022 da ta kai nasu 65 da 40.

Kuma wannan ba alfarma ba ce. Sashe na 210 na kundin tsarin mulkin 1999 ya yi magana a kan ma'aikatan jihohi, na 173 kuma a kan na tarayya. Abin da suka ƙunsa a taƙaice: ba a riƙe wa mutum fanshonsa ko giratutinsa, ba kuma a sauya shi ta yadda zai cutu, sai a inda doka ta yarda, ana sake duba fansho duk shekara biyar, ko duk lokacin da aka sake duba albashin ma'aikata, sannan ba a cire haraji a cikin fansho. To mafi ƙarancin albashi ya tashi daga naira 18,000 a 2011 zuwa 30,000 a 2019, ya kai 70,000 a 2024. In kana da kaka ko baffa ɗan fansho, tambaye shi sau nawa nasa ya motsa a waɗannan shekaru, kuma da nawa.

Yanzu mu zo gida. A 2024 gwamnatin Malam Dikko Umaru Radda ta sanar da ware sama da naira biliyan 20 don biyan bashin giratuti na ma'aikatan jiha da na ƙananan hukumomi, bayan wani kwamiti ya tantance masu bin bashin. Mafi yawan bashin gadonsa ta yi, ya taru ne tun kafin ta hau mulki a watan Mayun 2023. Gaskiya ɗaya ce, wanda ya biya ya fi wanda ya tara, kuma duk wanda ya ga fuskar dattijo ranar da alat ya shigo ba zai raina abin ba. A Kano ma Gwamna Abba Kabir Yusuf ya ce ya gaji bashin kusan naira biliyan 48, ya fara da biyan biliyan 6 a watan Disambar 2023. Ban zo in rage wa kowa lada ba. Amma bari mu ɗan yi lissafi, lissafin da ba a sa shi a jikin fosta.

A ce ma'aikaci ya yi ritaya a 2019, giratutinsa ya kama naira miliyan 3. A shekarar buhun siminti bai wuce wajen naira 2,600 ba, kuɗinsa ke nan zai sayi buhu sama da dubu ɗaya. A 2024 buhu ya haura naira 7,000, a wasu watannin ma ya zarce haka sosai, wato miliyan ukun nan da kyar za ta kawo buhu ɗari huɗu. Litar man fetur naira 145 ce a 2019. Kafin ƙarshen 2024 ta haura 1,000. Dala tana wajen naira 360 a 2019, a 2024 ta wuce 1,500, don haka kuɗin da ya kai dala dubu takwas ya dawo dala dubu biyu. Misalin da ya fi taɓa ni kuwa shi ne na aikin Hajji, don shi ne burin da kusan kowane ma'aikaci a wajenmu ke ɗaura wa giratutinsa. Kujerar Makka a 2019 tana wajen naira miliyan ɗaya da rabi, miliyan uku ta isa ta kai malam da uwargidansa. A 2025 kujera ɗaya ta haura miliyan takwas a Arewa. Kuɗin da zai kai mutum biyu yanzu bai kai rabin kujera ɗaya ba.

A takarda an biya shi cif, ba a cire ko kwabo ba. A kasuwa kuwa an ba shi kashi ɗaya ne cikin uku na abin da ya yi wa gumi, ko ma ƙasa da haka. Ina sauran kashi biyun suka tafi?

Nan ne abin yake da ɗaure kai. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023 aka kuma saki naira, kason da jihohi da ƙananan hukumomi ke karɓa daga asusun tarayya ya ƙaru ƙwarai in da naira ake ƙirgawa. Hauhawar farashi kuma ta kai kashi 34.8 cikin ɗari a watan Disambar 2024 bisa alƙaluman hukumar ƙididdiga ta ƙasa. Kuɗin shiga ya bi sabon farashi ya hau, bashin giratuti kuwa yana nan daskare a tsohon lissafi. Wato duk shekarar da aka ƙara ba a biya ba, bashin sauƙi yake ƙara yi wa gwamnati, nauyi kuma yake ƙara yi wa mai shi. Idan gwamnati ta ci bashi a banki sai ta biya da kuɗin ruwa, in ta yi jinkiri a ci ta tara. Bashin da ta ci a hannun malamin firamare ba ta tambaye shi ba, ba ta faɗa masa ranar biya ba, kuma ko sisi ba ta ɗora masa a kai ba. Babu bashi mai arha irin wannan a Najeriya, shi ya sa kowace gwamnati ke fara cin sa da zarar aljihu ya matse. Ɗan kwangila yana da wanda zai buga wa waya. Ma'aikacin da ke bakin aiki yana iya yajin aiki. Ɗan fansho yajin me zai yi?

Wani zai ce to mu ina ruwanmu, shekarunmu ashirin da 'yan kai, ko aikin ma ba mu samu ba balle ritaya. Ai mu ne muka biya kuɗin ruwan da gwamnati ba ta biya ba. A Daura, a Mai'aduwa, a Zango, a Sandamu, a Baure, albashin ma'aikaci ɗaya ba na mutum ɗaya ba ne. Gida ne mai mutum goma sha, da tsohuwa a ƙauye, da 'ya'yan ɗan'uwa da ya rasu. Ranar da albashi ya tsaya, ba maigida kaɗai ya yi ritaya ba. A gidan Kawu, 'yarsa da ta samu gurbin karatu sai da ta haƙura shekara biyu. Ɗansa na biyu ya ajiye maganar jarabawar shiga jami'a ya karɓi babur ɗin haya. Gonar da suke ci daga ita aka ba da jingina. Ba wanda ya rubuta wannan a cikin lissafin giratuti. Ka duba ajinku ko majalisarku, za ka samu wanda ya makara shiga makaranta, ko wadda aka ɗaga aurenta sau biyu, in ka bi salsala za ka tarar da wani fayil ne da ke kwance a kan wani tebur.

Mafi muni shi ne wanda ya rasu yana jira. Nan sai magana ta koma ta gado. Iyalai su nemo takardar shaidar rasuwa, su je kotu a tabbatar da magada, a sake buɗe fayil daga farko. In da mata biyu ko uku da 'ya'ya manya da ƙanana, kuɗin da bai zo ba ma ya isa ya raba zumunci, kowa na zargin wanda ke riƙe da takardu. Wanda sunansa ke rubuce a matsayin na kusa da mamaci sai ya ɗauka kuɗin nasa ne, alhali wakili ne kawai, rabon gado yana da ƙa'idarsa.

Rigingimun da ke riƙe fayil kuwa sau da yawa ba manya ba ne, abin haushi. An yi wa mutum ƙarin girma a takarda amma ba a taɓa sa shi a albashi ba, sai a rasa da wane mataki za a yi lissafi. Ranar haihuwa ta fayil daban, ta banki daban, ta katin ɗan ƙasa daban, domin a zamanin su Kawu shekaru ƙiyasi ake yi. Wani ya wuce ranar ritayarsa da wata biyar bai sani ba, ko ya sani ya yi shiru, sai a ce za a cire albashin watannin daga giratutinsa. Wani ya fara aiki a tsohuwar Jihar Kaduna kafin a ƙirƙiro Katsina, ko ya tashi daga ƙaramar hukuma ya koma jiha, sai a tsaya neman wa zai biya wane ɓangare. Kowanne daga cikin waɗannan ana iya warware shi tun mutum yana da saura shekara biyu a aiki. Amma sai an tsayar da albashi ake tunawa da su.

Sai kuma tantancewa. Ba na cikin masu cewa a daina ta, don 'yan fanshon bogi gaskiya ne, kuma ɓarayin fansho ba tatsuniya ba ne. Abdulrasheed Maina, wanda aka ɗora a kan kwamitin gyaran fansho na tarayya, ya tsallake beli aka kamo shi a Yamai a ƙarshen 2020, kuma a watan Nuwambar 2021 babbar kotun tarayya a Abuja ta ɗaure shi shekara takwas a kan kuɗin da suka haura naira biliyan 2. Kafin shi akwai John Yakubu Yusuf na ofishin fanshon 'yan sanda, wanda a 2013 aka ba shi zaɓin tarar naira 750,000 ya biya ya tafi gida, sai a 2018 kotun ɗaukaka ƙara ta mayar da hukuncin ɗaurin shekara shida da maido da naira biliyan 22.9. Ka lura da abu ɗaya: duka biyun a cikin ofis suke. Amma idan aka tashi maganin sata, tsohon da ke Baure ne ake tasowa da asuba ya hau mota ya zo ya tabbatar yana raye. Daga Daura zuwa Katsina kaɗai kusan kilomita 80 ne, ga kuɗin mota a farashin man yanzu, ga mai ciwon suga ko hawan jini a layi cikin rana. Hukumar PTAD, mai kula da 'yan fanshon tarayya na tsohon tsari, ta fito da hanyar da mutum zai tabbatar yana raye ta waya ko kwamfuta da hoton fuskarsa ko zanen yatsa. Jikoki ne ke yi wa kakanni a gida. In tarayya ta iya, ban ga abin da zai gagari jiha ba.

Duk waɗannan rassa ne. Jijiyar ita ce a tsohon tsari ba a ajiye komai. Mutum na aiki shekara 35, ba asusun da ake zuba masa ko naira ɗaya. Ranar da ya yi ritaya sai a duba baitulmali a ga ko akwai rara a wannan watan. Alhali babu bashin da aka san ranar zuwansa kamar wannan. Ranar da aka ba ka takardar ɗaukar aiki, ranar aka san watan da za ka tafi. An ƙirƙiro Jihar Katsina ranar 23 ga Satumbar 1987. Ƙara 35 a kai, ka samu 2022. Wato samarin da sabuwar jiha ta ɗauka aiki a shekarunta na farko su ne ke ajiye aiki yanzu, rukuni bayan rukuni. Wannan ba ambaliya ba ce da za a ce ta zo ba zato. Hausawa sun ce ba a fafe gora ranar tafiya, mu kuwa sai matafiyi ya kai tasha muke fita neman goran.

Tarayya ta gane haka tun 2004, lokacin Obasanjo, ta kawo tsarin adashi a ƙarƙashin hukumar PenCom: kowane wata a cire wani abu daga albashin ma'aikaci, wanda ya ɗauke shi aiki ya ƙara nasa, a zuba a asusu mai sunan ma'aikacin a hannun kamfanonin fansho. Dokar 2014 ta sa kashi 8 daga ma'aikaci, kashi 10 daga mai aikin. Kuɗin da ya taru a wannan tsari ya haura naira tiriliyan 20 a 2024. Amma kada wani ya ɗauka an gama magana. Gwamnatin tarayya da kanta ta riƙa jinkirin biyan haƙƙin shekarun da ma'aikata suka yi kafin 2004, har mutane suka riƙa shafe shekara guda da ritaya ba su iya taɓa asusunsu ba. Sai a watan Fabrairun 2025 majalisar zartarwa ta amince a ciyo bashin naira biliyan 758 don a sauke waɗannan basussuka. 'Yan sanda masu ritaya kuma sun yi zanga-zanga a Abuja a watan Yulin 2025 suna neman a fitar da su daga tsarin kamar yadda aka fitar da sojoji, domin abin da ke shigo masu a wata ba ya kai su ko'ina.

Misali biyu na kusa da mu sun fi koya mana darasi. Maƙwabciyarmu Jigawa, wadda daga Daura in ka nufi Kazaure ka shige ta, ta kafa asusun adashin fansho na jiha da ƙananan hukumomi tun farkon shekarun 2000, zamanin Saminu Turaki. Ana zuba kuɗi kowane wata a asusu guda, ana juya shi, ana biyan masu ritaya daga ciki. Shekara da shekaru jihohi na tura wakilai Dutse su koyo yadda ake yi, ko da yake shi ma a 'yan shekarun nan sai da gwamnati ta riƙa tallafa masa da ƙarin kuɗi. Kano ma ta yi dokar asusu irin wannan a 2006, zamanin Malam Ibrahim Shekarau. Amma ga shi ta wayi gari da bashin biliyan 48, bayan an daɗe ana kukan cewa wasu hukumomi ba sa zuba kasonsu, ga kuma cece-kucen da aka sha a kan zuba kuɗin asusun a gina rukunin gidaje. Doka kusan iri ɗaya, sakamako daban. Don haka duk ranar da kuka ji ana shelar sabuwar dokar fansho, a Katsina ko a ko'ina, kada sunan dokar ya ɗauke maku hankali. Abin dubawa shi ne ana zuba kuɗin kowane wata ko ba a zubawa, kuma hannun wa ke iya kaiwa ga asusun.

Akwai kuma wata tambaya da ke jiran ƙananan hukumomi biyar na masarautar Daura da sauran 29 na jihar. Ranar 11 ga Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin cewa a riƙa tura wa ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, ba ta hannun gwamnoni ba. Mun yi ta murna a intanet. Amma albashin malaman firamare da fanshon ma'aikatan ƙananan hukumomi an saba cire su ne a dunƙule daga asusun haɗaka kafin a raba abin da ya saura. In hukuncin ya fara aiki sosai, wa zai tabbatar kowane shugaban ƙaramar hukuma ya zuba kason fansho kafin ya sayi mota ko ya raba babura? Ƙaramar hukumar da ke da ma'aikata da yawa da kaso kaɗan fa? Ban ji masu neman kujerar kansila ko ciyaman suna wannan magana ba, mu ma ba mu tambaye su ba.

Wani abu da ke ƙona rai shi ne akwai fanshon da ba ya makara. A watan Nuwambar 2019 majalisar dokokin Zamfara ta soke dokar fanshon tsofaffin gwamnoni, bayan tsohon gwamna Abdul'aziz Yari ya rubuta takarda yana neman a ci gaba da biyansa naira miliyan 10 a wata na kula da kai. Miliyan goma a wata, ga wanda ya yi shekara takwas. Giratutin malamin da ya yi shekara 35 sau uku ke nan, kowane wata. Mu a Daura mun zauna da babban mai ritaya, marigayi Muhammadu Buhari, Allah ya jiƙansa, wanda ya dawo gida a 2023 aka kuma binne shi a nan ranar 15 ga Yulin 2025. Tarihinsa a wannan fage yana da fuska biyu. A 2015 ya ba jihohi tallafi don su biya bashin albashi, a 2018 kuma ya amince a biya tsofaffin ma'aikatan kamfanin jiragen sama na Nigeria Airways da aka yi watsi da su shekara da shekaru. Amma a zamaninsa ne aka lallaɓo da Maina aka mayar da shi aiki a 2017, sai da ƙasa ta ɗauki hayaniya ya ba da umarnin a kore shi. Abin da na ɗauka a nan shi ne ko shugaba mai tausayin ɗan fansho iyakarsa ya biya na zamaninsa. In ba tsarin da ke tilasta ajiya, ranar da ya tafi bashi zai ci gaba da taruwa daga inda ya tsaya.

A ajinmu na aikin jarida ana yawan nanata mana cewa sanarwar gwamnati ba ita ce labari ba, ita ce inda labari ke farawa. Don haka idan aka sake cewa an ware biliyan kaza, ga abin da nake so mu riƙa tambaya maimakon ɗora hoto. Biyan ya tsaya a kan waɗanda suka yi ritaya a wane wata na wace shekara? Waɗanda suka biyo bayansu nawa suke bi yanzu? Da wane layi ake bi, wanda ya riga ritaya ne ke riga karɓa, ko wanda ya san wani? Wannan ta ƙarshe ita ce ta fi sauƙin gyarawa. A lika jerin masu jira a sakatariyar kowace ƙaramar hukuma, a kuma sa a intanet, da lambar fayil da ranar ritaya, kowa ya ga inda yake. Ranar da aka yi haka kasuwar masu cewa "kawo wani abu in tura maka fayil" ta mutu, haka ma 'yan damfarar da ke buga wa tsofaffi waya suna cewa daga ofishin fansho suke. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba kowane ɗan ƙasa damar rubutawa ya nemi irin waɗannan alƙaluma, kuma a watan Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta ce dokar ta hau kan jihohi ma. Sannan 'yan majalisar jiha da muka zaɓa, me ya hana su sa a doka cewa giratutin da ya wuce wata uku ko shida ba a biya ba, za a ɗora masa diyyar faɗuwar darajar kuɗi? Ranar da jinkiri ya fara ci wa gwamnati kuɗi, ranar za a daina jinkirin.

Kai kuma da mahaifinka ko mahaifiyarka ke da saura shekara ɗaya ko biyu, wallahi tun yanzu ka zauna da su ku fito da takardun nan. A daidaita suna da ranar haihuwa a fayil da banki da katin ɗan ƙasa, a bi ƙarin girman da bai shiga albashi ba, ka ɗauki hoton kowace takarda ka adana a wayarka da imel ɗinka, don fayil yana ɓata. In magana ta cije akwai ƙungiyar 'yan fansho ta ƙasa da ke da rassa a jihohi, akwai hukumar karɓar koke-koken jama'a wadda ba a biyan ta ko kwabo, akwai kuma kotun ma'aikata ta ƙasa wadda rigimar fansho ke cikin huruminta. Wanda ya samu aikin tarayya, a kwalejin fasaha ko jami'ar sufuri da ke nan Daura misali, ko aikin kamfani, ya riƙa duba asusunsa na fansho ya ga ko abin da aka cire masa ya shiga. Mai gudun kuɗin ruwa kuma, tun 2021 akwai asusun da ba ya mu'amala da riba da za ka iya neman a mayar da kuɗinka ciki.

Ranar da kuɗin Kawu ya shigo ina makaranta, jikarsa ce ta karanta masa saƙon. Da na zo hutu na je yi masa murna, na ce, "Kawu, sai Makka ke nan?" Ya yi dariya ya ce, "Kai ɗan nan, zauna ka ji." Ya lissafa mani da yatsu: mai shagon da ya yi shekara huɗu yana ba su gero da mai bashi, mai kemis, kuɗin da ya ranta lokacin da aka kwantar da Inna a asibiti, sannan ya fanso gonar da ke jingina. Abin da ya saura ya sayi bandir biyu na kwano ya rufe ɗakin da ke yoyo, da tumaki biyu. Baƙar ledar nan tana nan a ƙarƙashin katifa. Ya ce kada wanda ya taɓa ta, don ba a san ranar da za a sake kiran tantancewa ba.